Gasasshiyar Kabewa da Wake: Abinci Mai Gina Jiki Ko Babu Nama

Darasi domin matan aure da masu gida na ƙasar Sabon Birni da Isa

Idan kaka ta yi a ƙasar Gobir, an yanke gero an kai rumbu, da wuya mutum ya ratsa ƙauye bai ga kabewa kwance a gindin danga ko bisa rufin ɗaki ba. A ƙasar Sakkwato wasu kan kira ta kabushi. Yawancin gidaje ba su san ta da wani aiki ba sai miyar taushe, wasu kuwa har raina ta suke yi, suna cewa abincin talaka ce. Wannan darasi zai nuna cewa kabewa, in an gasa ta da ɗan mai, aka haɗa da wake da waina, takan zama cikakken abinci, mai ƙosarwa, mai tsare idanun yara.

1. Dalilin wannan darasi

Ƙasar Isa da Sabon Birni ƙasa ce ta noma da kiwo. Gulbin Bunsuru da na Gagare da na Maraɗi duk a wannan yanki suke haɗuwa su bi Gulbin Rima, saboda haka akwai fadamu masu albarka. A dā gidan da ba shi da saniya yana da akuya, nono da man shanu ba su yanke wa yara ba.

Amma tun wajen shekarar 2019 hare-haren 'yan bindiga suka tsananta. An kore dabbobi masu yawa, an hana mutane zuwa gonakin nesa, dubban jama'a kuma suka ƙetare iyaka zuwa jihar Maraɗi ta Jamhuriyar Nijar. Nama da nono suka yi tsada, tuwo da miyar kuka suka zama abincin safe da dare a gidaje da yawa. Babba yana iya jurewa haka na ɗan lokaci, amma yaro mai girma ba ya iyawa. Tilas ne a nemi abin da zai maye gurbin nama daga cikin abin da ke kusa da gida. Hausawa sun ce guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

2. Amfanin kabewa ga jiki

Akwai wani sinadari da jiki ke bukata, ana kiransa bitamin A. Masana a Amurka suka gano shi a shekarar 1913. Ana samunsa a hanta da ƙwai da man shanu. Haka kuma jiki yana iya yin nasa daga abubuwa masu jan ciki, kamar kabewa da karas da mangwaro da gwanda da manja, da kuma ganyaye irin su zogale da alayyahu. Gwargwadon jan cikin kabewa, gwargwadon amfaninta.

Yaron da ya rasa wannan sinadari, abin da kan fara kama shi shi ne dundumi, watau da magariba ta yi sai ya riƙa tuntuɓe, ba ya ganin ƙwaryar da ke gabansa. In abin ya daɗe, ido ya bushe, har ya kai ga makanta. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa yara 250,000 zuwa 500,000 ne ke makancewa kowace shekara saboda wannan rashi, rabinsu kuwa sukan mutu cikin shekara guda bayan makantar. Ban da ido, ƙyanda da gudawa sun fi yi wa irin wannan yaro illa. Wani bincike da aka yi a Indunusiya, aka bayyana shi a 1986, ya nuna cewa ba yara bitamin A ya rage mutuwarsu da wajen kashi ɗaya cikin uku.

Ga wata ƙa'ida da ba za a manta ba: wannan sinadari ba ya shiga jiki sosai sai da mai. Kabewar da aka ci da man gyaɗa ko ƙuli-ƙuli ta fi wadda aka ci gayanta amfani nesa.

Sai dai kabewa kaɗai ba ta gina tsoka. Wannan aikin wake ne da gyaɗa. Abin da hatsi ya gaza da shi na gina jiki wake yana da shi, abin da wake ya gaza da shi kuma hatsi yana da shi. In an haɗa su a ƙwarya ɗaya, sai su cike wa juna.

3. Yadda mutanen Meziko suke yi

Asalin kabewa daga nahiyar Amurka take. A ƙasar Meziko an samu 'ya'yanta a wani kogo, waɗanda suka kai shekara 10,000. Masara ma can ne asalinta, haka barkono. Bayan da Kolumbus ya isa nahiyar Amurka a 1492 ne jiragen Turawa, musamman na Fotugal, suka yaɗa waɗannan iri har suka iso Afirka ta Yamma.

Manoman Meziko tun zamanin dā sukan shuka masara da wake da kabewa a gona ɗaya. Wake ya hau karan masara, kabewa ta shimfiɗa ganye ta rufe ƙasa, ta hana ciyawa, ta tsare laima. A wajen ci ma haɗa su suke yi. Sukan dafa masara da ruwan toka ko makamancinsa, su niƙa, ƙullun ya yi danƙo, su yi wata waina mai faɗi marar kauri, su gasa a kasko. Sa'an nan su zuba abin da ya samu a tsakiya, su ninke, su ci da hannu. Wannan shi suke kira tako. Mai hali ya sa nama, marar hali ya sa wake da kabewa, kowa ya ƙoshi.

Babu abin da ke cikin wannan abinci da ba a samu a kasuwar Isa ko ta Sabon Birni. Dabarar haɗawa kaɗai ce baƙuwa.

4. Kayan da ake bukata domin mutum 6

Rabin kabewa matsakaiciya, nunanniya, mai jan ciki.
Wake, gwangwanin madara 3.
Garin gero ko na masara, gwangwani 4.
Fulawa, gwangwani 2.
Man gyaɗa, babban cokali 6.
Dakakken ƙuli-ƙuli, gwangwani 1.
Albasa 2, tumatir 4, attaruhu kaɗan, gishiri, lemun tsami 1.
Dafaffen zogale, in akwai.

5. Yadda ake haɗawa

Na fari, wake. A jiƙa shi tun da dare, da safe a zubar da ruwan, a dafa da sabon ruwa har ya yi laushi. Jiƙaƙƙen wake ya fi saurin nuna, bai cin itace da yawa, bai kuma bukatar kanwa mai yawa, gama yawan kanwa yana ɓata wasu sinadaran abinci. In ya nuna, a soya albasa ɗaya da mai cokali 2, a juye waken a ciki, a sa gishiri, a ɗan farfasa shi da muciya.

Na biyu, kabewa. A wanke bayanta, a cire 'ya'yan a ajiye gefe, a yanka ta tsaye-tsaye, kaurin kowane yanki kamar ɗan yatsa. A shafa mai cokali 2 da gishiri. A jera a kasko ko bisa raga a kan garwashi, ba a kan harshen wuta ba. A riƙa juyawa har gefenta ya yi ja, tsinke kuma ya shige ta ba wuya. Wannan yakan ɗauki minti 20 zuwa 30. Sa'an nan a ɓare bawon a yayyanka ƙanana. Gashi yana fitar da ruwan kabewa ya bar zaƙinta, shi ya sa yaron da ke ƙin dafaffiya yakan karɓi gasasshiya. Uwargida mai dabara ba ta hura wuta domin wannan kaɗai. Garwashin da ya rage bayan an sauke tuwo ya isa, ga shi kuwa yanzu shiga daji neman itace ba ƙaramin hatsari ba ne.

Na uku, waina. A haɗa gari da fulawa da gishiri kaɗan, a dama da ruwa ya yi ruwa-ruwa kamar ƙullun sinasir, a bar shi rabin sa'a. A shafa mai a kasko mai faɗi, a zuba ludayi ɗaya, a karkata kaskon ƙullun ya bazu kamar faɗin tafin hannu biyu. In sama ta bushe a juya. Fulawar ita ke sa waina ta ninku ba ta karye ba. In babu ita, a ɗebi kaɗan daga garin a yi talge, a zuba cikin ƙullun. Wadda aka sauke a rufe ta da tsabtataccen ƙyalle don kada ta bushe. Wanda ke da masa ko gurasa a hannu yana iya tsaga ta ya zuba kayan a ciki.

Na huɗu, haɗi. A wanke tumatir da albasa da attaruhu da ruwa mai tsabta, a yanka ƙanana, a matsa lemun tsami. A ɗauki waina, a shimfiɗa wake, a ɗora kabewa da zogale, a barbaɗa ƙuli-ƙuli, a sa yankakken tumatir, a ninke. A ci da zafinsa. Kowa ya wanke hannu da sabulu kafin ya zauna.

'Ya'yan kabewa kuma ba abin zubarwa ba ne. A wanke, a shanya, a soya su a busasshen kasko, a ɓare. Suna da mai da abin gina jiki kamar gyaɗa.

6. Rabon ƙananan yara

Jariri nonon uwa kaɗai yake bukata har ya cika wata 6. Daga nan, a ɗebi gasasshiyar kabewa kafin a sa yaji, a murje ta sosai, a zuba cikin kununsa tare da ƙaramin cokali na man gyaɗa, ana kuma ci gaba da ba shi nono. Yaron da ya fara tafiya a zuba masa nasa a ƙwarya dabam. In an haɗa shi da manya, kafin ya kai loma biyu an cinye. Mai ciki da mai shayarwa su ma a fifita su.

Abinci rigakafi ne, ba ya maye gurbin asibiti. Yaron da ke da dundumi, ko farin tabo a ido, ko kumburin ƙafafu, ko rama mai tsanani, lalle a kai shi asibiti mafi kusa ba tare da jinkiri ba. Haka kuma duk yaro daga wata 6 zuwa shekara 5 a kai shi ya karɓi ɗigon bitamin A da ma'aikatan lafiya ke bayarwa sau biyu a shekara.

7. Ajiya da iri

Kabewar da ta nuna sarai, aka yanke ta da ɗan guntun kara, ba ta da rauni a jiki, takan yi watanni in an ajiye ta a inuwa, wuri busasshe mai iska, ba a kan ƙasa mai laima ba. Wadda aka riga aka fasa, a yanka ta siri-siri a shanya a inuwa, gama zafin rana yana rage amfaninta. In ta bushe a adana domin bazara.

A zaɓi iri daga kabewar da ta fi jan ciki. Da damina ta zauna, a haƙa rami a gindin danga, a zuba taki, a sa ƙwaya 3. Cikin wata 3 zuwa 4 za ta nuna. Ba ta bukatar gonar nesa, bayan ɗaki ya ishe ta. Maigidan da ya shuka rami 5 a cikin gidansa ya yi wa 'ya'yansa tanadi mai yawa.

Tambayoyi

1. Mene ne dundumi, kuma me ke kawo shi?
2. Don me ake cin kabewa da mai?
3. Wane amfani ke cikin haɗa wake da hatsi?
4. Waɗanne alamu ne in an gani za a kai yaro asibiti nan da nan?
5. Yaya ake ajiye kabewa ta kai bazara?

Wanda ya karanta wannan takarda ya karanta wa maƙwabcinsa da bai iya karatu ba.