Darasin Kiwo: Idan Akuya Ta Haihu, Ɗan Bai Yi Numfashi Ba

Da yawa daga cikinmu a wannan sansani, akuya ko tunkiya guda ita ce jarin gida. Wata biyar ake jira kafin ta haihu, don haka rasa ɗan ba ƙaramar asara ba ce. Wani lokaci ɗan kan faɗo shiru, ba motsi ba kuka, sai a ɗauka ya mutu. Alhali sau da yawa da ransa, yauƙi ne ya toshe masa hanci. A mintocin farko ake ceto shi ko a rasa shi. Ga abin da za mu yi:

1. Mu sa safar hannu, ko mu zura hannu cikin leda mai tsabta.

2. Mu yage yanar da ta rufe masa fuska, mu share yauƙin hanci da na baki da tsumma mai tsabta.

3. Mu kwantar da shi a kan ƙirjinsa, wuya a miƙe, kai ya ɗan yi ƙasa domin ruwan ya tsiyaye.

4. Mu goge bayansa da haƙarƙarinsa da ƙarfi da busasshen tsumma ko ciyawa, kamar yadda uwar kan lashe shi.

5. In bai motsa ba, mu sosa cikin hancinsa da tsinken ciyawa. Atishawar da zai yi ita kan buɗe numfashi.

6. Mu taɓa ƙirji ta bayan ƙafar gaba ta hagu. Muddin zuciya na bugawa, kada mu fid da rai, mu ci gaba da gugar.

Abubuwa biyu ne za mu guje wa. Kada mu kama ƙafafun baya mu riƙa lilo da shi, domin kayan ciki kan danne huhu, kuma yana iya kuɓucewa ya bugu. Kada kuma mu sa baki a hancinsa mu hura. Cututtukan da ke sa dabba ɓari suna kama mutum ta ruwan haihuwa. Saboda haka mace mai juna biyu ta bar wa wani wannan aiki.

Da zarar ya numfasa, mu miƙa shi ga uwar ta lashe shi. Mu tabbata ya sha dakashi cikin awa biyu na farko, shi ne garkuwarsa daga cuta. Mu shafa aidin a cibiya, mu kare shi daga iska, musamman da hunturu. Mu binne mabiyiya nesa da wurin wasan yara, sannan mu wanke hannu da sabulu.

Idan akuya ta yi rabin awa tana nishi ɗan bai fito ba, kada mu ja da ƙarfi. A kira malamin dabbobi na sansani nan take. Wanda ya karanta wannan darasi ya taimaka ya bayyana wa maƙwabcinsa.