Magarya a Rayuwar Bahaushe: Nazari daga Ƙasar Ikara, Maƙarfi da Kudan

1.0 Gabatarwa

Wannan darasi zai yi nazarin magarya, ɗaya daga cikin itatuwan daji masu ƙaya da ake cin 'ya'yansu. Za a ɗauki misali daga ƙananan hukumomin Ikara da Maƙarfi da Kudan na ƙasar Zazzau, domin ɗalibi ya ga yadda itace guda ya shiga harshe da addini da tattalin arzikin al'umma.

2.0 Siffa da Ire-ire

Magarya itaciya ce matsakaiciya, mai ƙananan ganye da ƙaya mai lanƙwasa, kuma tana jure fari. Masana tsirrai na kiran ta Ziziphus mauritiana. 'Ya'yanta kan nuna da hunturu, su rikiɗe daga kore zuwa ja-ja, ga ɓawo mai ɗan zaƙi da tsami, ga ƙwallo mai tauri a ciki. Tana da 'yan uwa biyu:

(a) Kurna: ta fi magarya girma da inuwa, an kuma fi samun ta cikin gari.
(b) Magaryar kura: 'ya'yanta na da ɗaci, ba a cika cin su ba.

Tun a shekarar 1916 J. M. Dalziel ya wallafa littafi kan sunayen tsirrai na Hausa, wanda ke nuna cewa Bahaushe ya daɗe da rarrabe itatuwan da ke kewaye da shi.

3.0 Magarya a Harshe da Addini

Kalmar magarya jinsin mace ce, shi ya sa ake cewa "magaryar". Harɗaɗɗen sunan "magaryar kura" kuwa ya bi tsarin "gautan kura", inda ake jingina abin da mutum ba ya ci ga dabbar dawa. Haka kuma an sa wa wurare sunayen waɗannan itatuwa, kamar garin Magarya a jihar Damagaram ta Jamhuriyar Nijar, da unguwar Kurna a Kano.

Ta fuskar addini, ana amfani da ganyen magarya wajen wankan gawa, bisa koyarwar Sunna. Malamai kuma kan fassara Sidratul Muntaha da "magaryar tuƙewa".

4.0 Amfaninta da Barazanar da Take Fuskanta

Yara da makiyaya kan tsinci 'ya'yanta, mata kuma su shanya su kai kasuwa. Awaki na cin ganyenta, masu lambu na yin shinge da rassanta, masu maganin gargajiya kuma na amfani da saiwarta.

Sai dai wannan yanki wuri ne na noman rake da tumatir da masara, kuma kullum gonaki faɗaɗa suke yi. Manomi kan sare magarya lokacin sharar gona saboda ƙayarta, mai neman itacen girki ya ƙarasa abin da ya saura. Idan itacen ya ɓace, sunansa ma kan bi shi, har a wayi gari yaro bai iya bambance magarya da kurna ba. Manoman Maraɗi sun nuna mafita tun cikin shekarun 1980, inda suke barin kututture ya tofo a gona, su rage rassan, su reni masu ƙarfi har su zama bishiya.

5.0 Kammalawa

An ga cewa magarya abinci ce, shinge ce, kuma taska ce ta kalmomi. Wajibi ne malamin gobe ya san ta da idonsa kafin ya koyar da sunanta a aji.

Auna Fahimta

1. Kawo bambanci tsakanin magarya da kurna da magaryar kura.
2. Tattaro sunayen itatuwa biyar masu ƙaya daga bakin dattawan garinku, tare da bayanin amfanin kowanne.