Gasasshen Tumatir Mai Cushe: Daɗi Ba Tare da Yawan Gishiri Ba

Uwargida, hawan jini ba ya sallama, kuma yawan gishiri yana buɗe masa ƙofa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada gishirin babban mutum ya kai giram 5 a yini.

Ki zaɓo manyan tumatir 6 masu tauri a kasuwar Sandaga ko ta Deïdo, ki wanke su da ruwa mai tsabta. Ki yanke kawunansu, ki ƙwaƙule cikin, ki adana don miya. Burokoli yana da tsada a Duwala, zogale ko kabeji ya wadatar. Ki sulala ganyen, ki haɗa da albasa, tafarnuwa da ɗan cuku, ki cusa. Ki jera a tukunya, garwashi sama da ƙasa, minti 20.

Cuku yana da gishirinsa, kada ki ƙara magi. A ci da shinkafa.