Aure a Cikin Barkwancin Majigi na Farko: Nazarin Fim Ɗin One Week

Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce gano abin da ya sa gajerun finafinan ban dariya na farko a Amurka suka mai da aure dandalin wasansu. Finafinan ba su da murya, saboda haka da jiki ake yin barkwancin, wato da faɗuwa da karo da guje-guje. Aure kuwa al'amari ne mai tsari wanda kowa ya san matakansa, don haka da zarar an karkace mai kallo zai gane ba sai an yi masa bayani ba.

Fim Ɗin One Week

Buster Keaton da Eddie Cline suka shirya shi a 1920. Keaton ne ango, Sybil Seely ce amarya. Suna fitowa daga wurin ɗaurin aure aka yi ta jifansu da shinkafa da tsofaffin takalma bisa al'adar can. Gudummawar kawun ango ita ce gidan katako a cikin akwatuna masu lamba, wanda aka ce ana haɗa shi cikin mako guda. Sai wani da amarya ta ƙi ya saci jiki ya canja lambobin. Ango ya bi takardar umurni sau da ƙafa, gida ya fito a karkace, har ƙofar bene tana buɗewa ga sarari. Ranar walima guguwa ta taso, gida ya riƙa juyawa yana watso baƙi waje. Da suka ja shi zuwa filinsu na ainihi sai ya maƙale a kan hanyar jirgin ƙasa. Jirgin farko ya wuce ta gefe, suna cikin hamdala na biyu ya zo ya ragargaza shi.

Kammalawa

Idan aka lura, abin dariyar a nan shi ne angon da ya amince da takarda fiye da idonsa. Shi kansa auren bai girgiza ba. Ango ya kafa allon sayarwa a kan tarkacen, ya kama hannun amarya suka tafi. Ke nan jigon shi ne, gida na iya rushewa zama ya ɗore.