Sinima, shaidar tarihi

Yara, a ina muke samun labarin mutanen da? Muna jin shi daga bakin tsofaffi. Muna karanta shi cikin littattafai. Yau za mu ga wata hanya: sinima.

A shekara ta 1940, ana yaƙin duniya na biyu. Daga ran 7 ga watan Satumba, jiragen saman Jamus suka dinga zuba bama-bamai bisa birnin Landan, dare bayan dare. A wannan shekara, Humphrey Jennings da Harry Watt suka haɗa wani ɗan gajeren fim na wajen minti 9. Sunansa London Can Take It!, watau Landan za ta iya jimrewa.

Fim ɗin ba ya nuna fagen fama. Yana nuna talakawa. Da maraice, mutane na riƙe da barguna, suna tafiya maɓoya ta ƙarƙashin ƙasa. Jiniya ta yi kuka. Ƴan kashe gobara sun fito aiki. Da gari ya waye, ana share fasassun gilasai, ƴan kasuwa na buɗe kantunansu, ma'aikata na ratsa kufai suna zuwa wurin aiki.

Yau, mai nazarin tarihi yana duba fim ɗin da kyau. Yana ganin tufafin mutane, da motocinsu, da gidajensu. Littafi kan manta da irin waɗannan ƙananan abubuwa, amma hoto ya adana su.

Sai dai mu yi hattara. Gwamnatin Ingila ce ta sa aka yi fim ɗin. Tana son mutanen Amurka su taimake ta, don lokacin nan Amurka ba ta shiga yaƙin ba. Shi ya sa ba a nuna gawa ba. Amma daga 1940 zuwa 1941, bama-baman sun kashe farar hula fiye da 40 000 a Biritaniya.

Ashe sinima shaida ce. Alƙali kuwa ba ya yanke shari'a da bakin shaida guda.

Tambayoyi

1. Mi mutanen Landan suke yi da maraice? Da safe fa?
2. Wa ya sa aka yi fim ɗin? Don mi?
3. Mi fim ɗin ya ɓoye?

Aiki

In aka ba ka minti 9 ka ɗauki hoton garinku, mi za ka nuna? Mi za ka bari? Rubuta layi biyar.