Darasin Turanci: Kalmar "Up" da Ma'anoninta

Duk ɗan Katsina ya san ihun da yara ke yi da daddare in an kawo wuta: "Up NEPA!" An kafa NEPA a 1972, aka canja mata suna zuwa PHCN a 2005, kuma tun 2013 kamfanin KEDCO ne ke raba wuta a jihohin Katsina da Kano da Jigawa. Amma har gobe ihun bai canja ba. To, ɗalibai, in aka tambaye ku ma'anar "up" a wannan ihu, me za ku ce? Yawancinku za su ce "sama", domin haka aka koya muku a firamare. Ashe NEPA ce ta hau sama?

Wannan kalma tana cikin ƙananan kalmomin da Turawa ke kira "preposition". Haruffanta biyu ne kawai, amma tana jawo wa ɗalibai asarar maki a jarrabawar WAEC da NECO, kun kuwa sani sai da kiredit a Turanci ake shiga jami'a. Bari mu bi ma'anoninta ɗaya bayan ɗaya.

1. Sama

Wannan ita ce ma'anar asali. "He climbed up the Gobarau Minaret", wato ya hau Hasumiyar Gobarau. Haka "stand up", miƙe tsaye. Daga nan aka samo "Prices have gone up", kaya sun yi tsada. Daga nan ne kuma ihun yara ya fito. Mai cewa "Up NEPA" ko "Up Katsina United" yana ɗaukaka abin ne, kamar mai yin kirari. Masu kallon ƙwallo a Ingila ma haka suke yi wa ƙungiyoyinsu.

2. Ƙarewa ƙaf

A nan Hausa za ta taimake mu. Muna cewa ya ci tuwo, muna kuma cewa ya cinye tuwo. Ya sha fura, ya shanye fura. Aikin da "nye" ke yi a Hausa shi ne "up" ke yi a Turanci: "eat up" cinye, "drink up" shanye, "use up" ƙarar da abu. Saboda haka in mai lura da jarrabawa ya ce "Time is up", lokaci ya ƙare ke nan, sai a ajiye biro.

3. Sabuwar ma'ana

Wannan shi ne wurin da ake faɗuwa. In "up" ta haɗu da wasu kalmomin aiki, sai ma'anar ta canja gaba ɗaya. Kada wannan ya ba ku mamaki. Mu ma muna cewa ci kasuwa, ci bashi, ci amana, ci jarrabawa, ba kuwa abin da ya shiga baki. Baƙon da ya san "ci" ta abinci kaɗai zai sha wuya da Hausa. Ga misalai:

"give up": karaya, ko barin wani hali
"bring up": renon yaro da ba shi tarbiyya
"turn up": halartar wuri
"own up": amsa laifi
"make up": shiryawa bayan faɗa, ko ƙago labari
"look up": neman kalma a ƙamus
"put up with": haƙuri da abu

Ku haddace kowace tagwaye kamar kalma guda. Ku kuma lura, ana cewa "look it up", ba a cewa "look up it".

4. Maganar samari

Akwai waɗanda ake yi tsakanin abokai. "What's up?" daidai take da "Yaya dai?" ko "Wane labari?" Daga ita aka samo sunan WhatsApp, wadda aka ƙirƙiro a Amurka a 2009. "I am fed up", na gaji, abin ya ishe ni. "He is hard up", aljihunsa ya bushe. "She is stuck-up", tana da girman kai. "They are up to something", suna ƙulla wani abu. "It's up to you", ya rage naka. "Shut up" kuwa rufe mini baki ce, maganar raini. Yaro mai tarbiyya ba ya faɗa wa na gaba da shi, ko a gida, ko a makaranta, ko a coci.

Sanin waɗannan yana da amfani, don ku fahimci abin da kuka ji. Amma kowace tufa da wurin sa ta. Ba a buɗe wasiƙar neman aiki ko wasiƙa zuwa ga shugaban makaranta da "What's up?"

5. Namu na gida

Wata ɗalibata ta taɓa rubuta wa ƙanwar mahaifiyarta da ke Amurka cewa sun yi awa guda cikin "hold-up" a Ƙofar Ƙaura. Hankalin matar ya tashi, ta bugo waya tana tambaya ko an ji wa wani rauni. Yarinyar cunkoson motoci take nufi, amma a can kalmar ta fi nufin fashi da makami.

Sauran kurakuran da nake yawan gani in ina duba takardu su ne:

"Cope up with": kuskure ne. A ce "cope with".
"Raise up your hand": "up" ba ta da aiki a nan. A ce "raise your hand".
"Let me round up my speech": a ce "round off". Ma'anar "round up" ita ce tattara dabbobi, ko kame mutane kamar yadda 'yan sanda ke yi.

Aikin Hutu

Kowa ya sami ƙaramin littafi. Duk inda ya ci karo da "up", a jarida ko a littafin karatu ko a Littafi Mai Tsarki na Turanci, ya rubuta jimlar duka, ya tambayi kansa: sama ce, ko ƙarewa, ko sabuwar ma'ana? Sa'an nan ya duba ƙamus. Ku fara da waɗannan, ku juya su zuwa Hausa:

(a) The goats ate up the beans.
(b) Only ten members turned up for choir practice.
(c) My aunt brought me up in Funtua.
(d) The two brothers have made up.

Iyaye, muna roƙonku ku riƙa duba littafin nan ko da sau ɗaya a mako. Kalma biyu a rana ba ta da yawa, amma da yayyafi kogi kan cika. Wanda ya faɗi Turanci bara kuma kada ya yi "give up". Ubangiji ya ba ku basira da nasara.