Filin Addinin Musulunci: Yadda Ake Raba Riba Tsakanin Masu Haɗa Jari

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa.

Darasinmu na wannan mako a kan tarayya ne a cikin ciniki. A ƙasar Anka da Gummi da Bukkuyum, kamar sauran ƙasar Hausa, mutane sukan haɗa jari su sayi hatsi da kaka, ko su sari dabbobi su kai kudu. Ranar haɗa kuɗi kowa murna yake yi, ranar rabo kuwa nan ne zumunci yakan lalace. Allah Maɗaukakin Sarki ya yi gargaɗi a cikin Suratu Sad, aya ta 24, a kan zaluncin da yakan auku tsakanin abokan tarayya. Sau da yawa kuwa rashin sanin lissafi ne yake jawo shi.

Hukuncin mazhabar Imamu Malik, kamar yadda ɗalibai suke karanta shi a Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani, shi ne riba tana bin gwargwadon jarin kowa, aiki ma haka. In aka shardanta wa wani ribar da ta fi gwargwadon jarinsa, tarayyar ta ɓaci. Malaman Hanafiyya da Hambaliyya sun yi sauƙi a kan a ƙara wa wanda ya fi yin aiki, amma dukkan mazhabobin huɗu sun haɗu a kan cewa hasara jari take bi.

Ga misali. Mutum uku a Gummi suka haɗa kuɗi don sayen gero. Na farko ya kawo N200,000, na biyu N300,000, na uku N500,000. Sai a nemi ma'auni guda wanda zai auna kuɗin kowa ba saura, watau N100,000. Na farko yana da kashi 2 ke nan, na biyu kashi 3, na uku kashi 5, jimla kashi 10. Bayan an sayar, aka fid da kuɗin mota da dako da hayar sito, aka mai da uwar kuɗi, sai riba ta tsaya N150,000. A raba ta gida 10, kowane kashi ya tashi N15,000. Na farko ya ɗauki N30,000, na biyu N45,000, na uku N75,000. A haɗa su a gani, in ba su koma N150,000 ba, to akwai kuskure.

Da faɗuwa aka yi ta N80,000, hanyar ita ce dai. Kowane kashi zai ɗauki N8,000: na farko N16,000, na biyu N24,000, na uku N40,000. Wanda ya ce a raba hasara daidai wa daida tun da mu uku ne, ya ɗora wa mai ƙaramin jari nauyin da ba nasa ba.

Sai batun wanda ya shigo daga baya, inda mutane da yawa suke tuntuɓe. Wani ya buɗe shagon yadi a Anka da N400,000. Bayan wata 6 ɗan'uwansa ya kawo N300,000 yana son shiga. In aka yi lissafi da kuɗin farko, rabo zai zama 4 da 3, alhali kuwa shagon ya bunƙasa. Abin da ya dace shi ne a ƙiyasta kaya da kuɗin da ke shagon a ranar shigarsa. In suka kai N600,000, rabo ya zama 2 da 1. Ribar N210,000 da aka samu bayan haka, mai shago yana da N140,000, ɗan'uwansa N70,000. Da an bi 4 da 3, da mai shago ya tashi da N120,000, an tauye masa N20,000.

Akwai kuma ƙirali, watau ɗaya ya ba da kuɗi, ɗaya ya yi fatauci da su. Imamu Malik ya kawo a Muwaɗɗa labarin Abdullahi da Ubaidullahi, 'ya'yan Sayyidina Umar, waɗanda Abu Musal Ash'ari ya ba su dukiyar baitulmali a Basra don su kai Madina. Suka sayi kaya da ita, suka ci riba. Daga ƙarshe aka mai da abin ƙirali, Umar ya karɓi uwar kuɗi da rabin riba, su kuma suka riƙe rabi. A ƙirali rabo yana bin yarjejeniya ne, rabi ko sulusi ko rubu'i. In jari N500,000 ne, aka yi sharaɗin sulusi ga mai fatauci, riba ta zo N120,000, shi yana da N40,000, mai kuɗi N80,000. In aka faɗi ba da sakaci ba, mai kuɗi ne ya yi hasarar dukiya, mai fatauci ya yi hasarar wahalarsa. Amma mai kuɗi ya ce a ba shi N20,000 kowane wata, an ci riba ko ba a ci ba, wannan bai halatta ba, domin ya koma rance mai jawo amfani.

Saboda haka, ya 'yan'uwa, tun ranar ƙulla tarayya a rubuta jarin kowa da kason kowa, a kafa shaidu. Mutuwa ba ta sallama, magada kuwa abin da aka rubuta za su tarar. Allah ya tsare mu daga cin haƙƙin juna, amin. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu.